Jaki a Gaban Kyamara: Finafinan Farko da Tarihin Yawon Buɗe Ido a Duwatsun Amurka



Gabatarwa

Kafin in shiga cikin abin da ya tara mu, wajibi ne in yi godiya ga kwamitin da ke shirya waɗannan laccoci saboda damar da ya ba ni in yi magana a gabanku. Na samu labari cewa da aka liƙa sanarwar laccar, akwai waɗanda suka yi murmushi, suna cewa ashe har jaki ya kai matsayin da za a tara jama'a a jami'a dominsa. Ina roƙonsu su yi mini haƙuri na ɗan lokaci, watakila kafin mu tashi su ga dalili.

Abin da zan yi magana a kansa shi ne waɗansu gajerun finafinai marasa magana da aka ɗauka a ƙarshen ƙarni na 19 da farkon ƙarni na 20, waɗanda ke nuna masu yawon buɗe ido bisa jakuna da alfadarai suna bin turbobin duwatsu, musamman a yammacin ƙasar Amurka. Yawancinsu ba su wuce minti ɗaya ko biyu ba. Babu labari a cikinsu, babu jarumi, babu murya. Ana kafa kyamara a wata kwana ta hanya, sai ayari ya ɓullo ɗaya bayan ɗaya, maza da manyan huluna, mata da dogayen riguna, ja-gaba yana kan gaba, su wuce ta gefen kyamara, shi ke nan fim ya ƙare.

Hausawa na cewa gani ya kori ji. Saboda haka ne idan aka nuna wa mutum irin wannan fim sai ya ɗauka ya ga zamanin da idonsa, babu sauran tambaya. To amma masanin tarihi kamar alƙali yake, duk shaidar da aka gabatar masa sai ya bincika wanda ya kawo ta, da inda mai shaidar ya tsaya, da abin da ya gani, da kuma abin da ya yi shiru a kansa. Manufata ita ce in yi wa waɗannan finafinai irin wannan bincike, ta hanyar ɗaukar wuri guda a matsayin misali, watau kwazazzabon jihar Arizona da Amurkawa ke kira Grand Canyon, mu kuma a nan za mu kira shi Babban Kwazazzabo.

1. Yadda hoto mai motsi ya fara

A ranar 28 ga Disamba, 1895, waɗansu 'yan'uwa biyu Faransawa, Auguste da Louis Lumière, suka nuna wa jama'a hoto mai motsi a birnin Faris, suka karɓi kuɗin kallo. A Afrilun 1896 kuma aka nuna finafinan kamfanin Thomas Edison a bisa allo a wani gidan wasa na birnin Niyok. Akasarin abubuwan da aka riƙa nunawa a waɗannan shekaru ba wasan kwaikwayo ba ne, al'amuran yau da kullum ne: ma'aikata suna fitowa daga masana'anta, jirgin ƙasa yana shiga tasha, igiyar ruwa tana dukan gaɓa. Su ne kakannin abin da daga baya aka sani da fim ɗin gaskiya, ko da yake kalmar Ingilishi da ake kiransa da ita ba ta yaɗu ba sai bayan da John Grierson ya yi amfani da ita a 1926.

Ya kamata mu fahimci yadda na'urar kanta take, domin ita ce ta yanke wa waɗannan finafinai siffarsu. Akwati ne na katako mai nauyi, wanda ake ɗorawa bisa ƙafafu uku, mai ɗauka yana juya mariƙi da hannunsa. A ƙa'idar da aka fi bi daga baya, yakan juya sau biyu a daƙiƙa, kowane juyi yana ɗaukar hotuna 8, watau hotuna 16 ke nan a daƙiƙa guda, wanda ya yi daidai da ƙafa ɗaya ta zaren fim. Don haka zare mai tsawon ƙafa 50 bai kai minti ɗaya cikakke ba. Kamfanoni kuwa da ƙafa suke sayar da fim ga masu nunawa, kamar yadda ake auna yadi a kanti. Mai ɗauka ba shi da halin ya bar kyamara tana aiki yana jiran abin da zai faru. Dole ne ya zaɓi wuri tun da wuri, ya san ta inda ayari zai fito, sau da yawa ma ya tsayar da shi har sai ya shirya, sa'an nan ya ba da alama a taho. Wannan shi ne abu na farko da za mu riƙe: abin da muke gani ya faru da gaske, amma an shirya faruwarsa saboda kyamara.

2. Abin da ya kawo jaki cikin fim

Babban Kwazazzabo yana da tsawon mil 277, faɗinsa ya kai mil 18 a wani wurin, zurfinsa kuma kimanin mil guda ne, Kogin Kolorado yana gudana a ƙasansa. Abin da ke ɗauke hankalin wanda ya tsaya a bakinsa shi ne girma da launi. Fim na wancan zamani kuwa baƙi da fari ne, sararin sama yakan fito fari fat, jajayen duwatsu kuma su fito toka-toka. Daɗin daɗawa, dutse ba ya motsi, alhali motsi shi ne hajar da mai majigi yake sayarwa. Idan ya nuna wa 'yan kallo kwazazzabo shi kaɗai, bai ba su abin da ya fi hoton kati ba.

Ayarin mahaya shi ya warware wannan matsala. Shi ne ya kawo motsi, shi ne kuma ya zama ma'auni, domin sai ka ga ƙanƙantar mutum da dabbarsa a jikin bangon dutse kana za ka gane girman wurin. Har ila yau ya kawo ɗan tsoro, saboda turba ce siririya, rami na gefe, da kuma ɗan abin dariya, domin ga attajirin birni da matarsa sun miƙa rayukansu ga dabbar da ba su ɗauka a bakin kome ba. Mai kallo a Shikago ko Niyok yakan ga mutane irinsa a kan sirdi, ya ce a ransa, in dai waɗannan sun iya, ni ma zan iya.

A nan sai mu bambance dabbobi biyu waɗanda masu rubuta bayanin tsofaffin finafinai kan gwamutsa, ko da yake Bahaushe ba zai rikita su ba. Kalmar burro ta Sifaniyanci ce, ma'anarta jaki. Asalin jaki daga nahiyarmu yake, domin a arewa maso gabashin Afirka aka fara horar da shi shekaru dubbai da suka wuce, Sifaniyawa ne suka ƙetare da shi zuwa nahiyar Amurka tun daga ƙarshen ƙarni na 15, daga Meziko kuma ya bazu zuwa ƙasashen da suka zama kudu maso yammacin Amurka. Alfadari kuwa ɗan jaki ne da goɗiya, ya fi jaki girma da ƙarfi, amma ba ya haihuwa. A wuraren shaƙatawa na kewayen Kolorado Springs, da turbar dutsen Wilson a Kalifoniya, jakuna aka riƙa ba baƙi haya. A Babban Kwazazzabo kuwa jakuna na masu neman ma'adinai ne da ɗaukar kaya, alfadarai ne suka fi ɗaukar baƙi. Wannan bambanci zai yi mana amfani nan gaba.

Sha'awar ganin baƙo bisa jaki ba ta tsaya a Amurka kaɗai ba. A 1903 kamfanin Edison ya aika da mai ɗaukar hotonsa Alfred Abadie zuwa Masar da Falasɗinu, cikin abin da ya komo da shi akwai fim ɗin masu yawon buɗe ido suna tashi bisa jakuna zuwa dalar Saƙƙara, da wani na masu dawowa bisa jakuna daga Mizfa. A cikin sunayen duka biyun baƙi aka ambata, ba a ambaci masu jakunan da ke kora su ba.

3. Wanda ya biya kuɗin tafiya

Ɗaukar fim a yammacin Amurka abu ne mai tsada, domin tafiya ce ta kwanaki daga gabas inda kamfanonin suke. To wa ya ɗauki nauyi? A 1897 James White na kamfanin Edison da mai ɗaukar hoto Frederick Blechynden suka yi doguwar tafiya zuwa yamma, kamfanonin jiragen ƙasa suka sauƙaƙa musu zirga-zirga, aka kuma jera finafinan da suka ɗauko a littafin tallan Edison ƙarƙashin sunayen waɗannan kamfanoni, irin su Southern Pacific da Northern Pacific da Denver and Rio Grande. A jihar Kolorado kuma wani mai hoto na birnin Denba, Harry Buckwalter, ya haɗa kai da kamfanin Selig na Shikago a farkon ƙarni na 20, yana ɗaukar finafinan da ke tallata jihar da hanyoyin jiragenta. Babu wanda ya ɓoye wannan hulɗa a lokacin. Mu ne muka manta da ita, saboda muna ganin fim ɗin tsurarsa, ba tare da littafin tallan da ya fito da shi ba.

Dalilin kamfanonin reluwe a fili yake. Sun kashe dukiya mai yawa wajen shimfiɗa dogo cikin hamada da duwatsu inda mazauna ba su da yawa, saboda haka suna bukatar fasinja. Attajiran Amurka kuwa al'adarsu ita ce su tafi Turai hutu, su ga duwatsun Suwizalan. A 1906 aka yi wani taro a birnin Salt Lake inda aka ƙaddamar da kiran da ke cewa Ba'amurke ya fara ganin ƙasarsa tukuna, daga baya kamfanin Great Northern ya mayar da wannan kira takensa na talla. Fim ɗin mahaya a kan turba reshe ne na wannan yunƙuri, tare da hotunan kati da kalanda da zane-zanen Thomas Moran waɗanda kamfanin Santa Fe ya riƙa bugawa yana rarrabawa.

Akwai kuma masu laccar tafiye-tafiye, waɗanda suka fi kowa kai waɗannan finafinai gaban masu hali. Shahararrensu shi ne Burton Holmes, wanda ya fara haɗa hoto mai motsi cikin laccocinsa a 1897, ya kuma ziyarci Babban Kwazazzabo a 1898 tare da mai kyamararsa Oscar Depue. Wannan yana tuna mana cewa finafinan da muke kira marasa magana ba a cikin shiru aka kalle su ba. Akwai mai bayani a tsaye gefen allo, sau da yawa da mai kaɗa piyano. Bayanin nan shi ne ya gaya wa 'yan kallo abin da ya kamata su ji a ransu, kuma shi ne kashin da ya fi ɓacewa.

4. Turbar Bright Angel da masu cin abinci a kanta

Yanzu bari mu sauka kan turbar kanta. Fararen fata na farko da suka zauna a bakin kwazazzabon daga shekarun 1880 masu neman ma'adinai ne, irin su John Hance da William Bass. Sun samu tagulla da asbestos, amma fitar da su a bayan jaki daga rami mai zurfin mil guda ya cinye ribar. Ba da jimawa ba suka gane cewa baƙon da ke son a sauka da shi ya fi dutsen da ake hawowa da shi kawo kuɗi, sai suka koma ja-gaba da masu masauki.

A 1890 da 1891 Ralph Cameron da Pete Berry da abokansu suka gyara turbar da aka sani da Bright Angel domin isa ga wuraren haƙarsu. A ranar 17 ga Satumba, 1901, jirgin ƙasa na farko ya iso bakin kwazazzabon daga garin Williams, tafiyar mil 64, a kan kuɗin da bai kai dala 4 ba, alhali a da sai an wuni cikin keken doki daga Flagstaff. Tashar jirgin kuwa ta faɗo kusa da bakin turbar Cameron. Daga 1903 ya kafa ƙofa yana karɓar dala ɗaya daga kowane mahayi. Kamfanin Santa Fe, wanda ya buɗe otal ɗin El Tovar a 1905 ƙarƙashin kulawar kamfanin Fred Harvey, ya yi ta shari'a da shi shekara da shekaru, har ya gina tasa turbar ta Hermit domin ya kauce masa. Shugaba Theodore Roosevelt ya sa wurin ƙarƙashin kariyar gwamnati a 1908, aka mayar da shi gandun ƙasa a 1919, amma Cameron bai saki ba, musamman da ya zama ɗan majalisar dattawa daga 1921 zuwa 1927. Sai da hukumar gandayen ƙasa ta sare wata sabuwar turba, South Kaibab, a 1924 da 1925, kuma Bright Angel ba ta dawo hannunta ba sai 1928. Duk mahayin da aka ɗauka yana sauka ta nan a cikin waɗancan shekaru ya ratsa ta tsakiyar wannan rigima, ko da yake fim ba zai nuna maka ita ba.

A bakin wannan ƙofa ne waɗansu 'yan'uwa biyu daga jihar Pensilbeniya, Ellsworth da Emery Kolb, suka kafa sana'arsu, da farko a cikin tanti a 1903, sa'an nan a ɗakin katako a 1904. Kowace safiya sukan ɗauki hoton ayarin alfadarai yayin da yake fara gangara. Ruwa mai tsabta na wanke hoto kuwa babu shi a sama, domin har ruwan otal a tankunan jirgin ƙasa ake kawo shi. Sai Emery ya ɗauki kayan hoton ya sheƙa a ƙasa mil huɗu da rabi zuwa maɓuɓɓugar da ke ƙasa, gangaren da ya kai ƙafa 3,000, ya wanke su, ya sake hawowa domin ya sayar wa mahayan idan sun dawo da yamma. A Satumban 1911 'yan'uwan suka shiga ƙananan jiragen ruwa daga Green River a jihar Wayomin da kyamarar fim, suka bi kogi har suka fito a Needles ta Kalifoniya a Janairun 1912. Daga 1915 Emery ya riƙa nuna wannan fim ga baƙi a ɗakin da suka gina a bakin turbar, bai daina ba har rasuwarsa a 1976. Tarihin 'yan'uwan Kolb ya nuna mana cewa tun daga farko hoto da hawa tare suke tafiya. Baƙo yana biyan kuɗin alfadari, yana kuma biyan kuɗin shaidar cewa ya hau.

5. Abin da ke wajen allo

Maɓuɓɓugar da Emery Kolb yake wanke hotuna a cikinta tana da masu ita. Mutanen Havasupai, ɗaya daga ƙabilun asali na wannan yanki, sun daɗe suna noman masara da wake da kabewa a wurin, kuma sawunsu Cameron ya bi ya faɗaɗa ya kira turbarsa. Shi ya sa Turawa suka raɗa wa wurin suna Indian Garden, watau lambun Indiyawa. A 1882 gwamnati ta taƙaita ƙasar Havasupai zuwa eka 518 a can cikin wani kwari na yamma. Waɗansu iyalai suka ci gaba da noma a lambun, baƙi na wucewa bisa alfadarai ta gefen gonakinsu, har 1928 lokacin da hukumar gandun ta fitar da na ƙarshensu da ƙarfi. Wannan dattijo Turawa suna kiransa Kyaftin Burro, watau sun laƙaba masa sunan jaki saboda yadda yake hawa da sauka a kwazazzabon. Ya rasu a shekarar da ta biyo baya. Sai a 1975 majalisar dokoki ta mayar wa Havasupai eka 185,000 na ƙasarsu, a 2022 kuma, bisa buƙatarsu, aka canza sunan lambun zuwa Havasupai Gardens.

Tallan reluwe bai yi watsi da mutanen asali gaba ɗaya ba. Ya nuna su sosai, amma a matsayin abin kallo: masu rawa, masu saƙa, masu sayar da tukwane a ginin Hopi House da aka buɗe daura da El Tovar a 1905. Abin da bai nuna ba shi ne su a matsayin masu ƙasa, ko a matsayin leburori, ko da yake mazajen Havasupai sun yi aikin ƙwadago a turbobin gandun. Fim ɗin mahaya yana nuna ƙasa wadda kamar babu kowa a cikinta sai baƙo da ja-gabansa, kuma wannan siffa ta taimaka wajen sa jama'a su ɗauki fitar da mazauna a matsayin gyara.

Sai kuma dabbar kanta. Da haƙar ma'adinai ta mutu, masu haƙar suka saki jakunansu a cikin kwazazzabon. A nan bambancin da muka yi a baya ya yi aiki: alfadari ba ya haihuwa, saboda haka kullum yana hannun mai shi, amma jaki ya hayayyafa ya zama na daji. Ɗaya daga cikinsu, wanda aka sani da Brighty, ya yi suna har Marguerite Henry ta rubuta littafin yara a kansa a 1953. Hukumar gandun kuwa ta ɗauke su a matsayin baƙin dabbobi masu lalata ciyayi da maɓuɓɓugai, masu kuma takura wa tumakin dutse na asali. Daga 1924 zuwa 1969 ma'aikatanta sun harbe fiye da 2,000. Da aka yi shirin ƙarasa sauran, jama'a suka yi ca, sai ƙungiyar kare dabbobi ta Cleveland Amory ta fitar da fiye da 500 a 1980 da 1981, tana ɗaga su cikin raga da jirgi mai saukar ungulu. Ban kawo wannan don in yanke hukunci tsakanin hukuma da masu kare dabbobi ba, domin ɓarnar da jakunan suka yi gaskiya ce. Na kawo shi ne don mu ga cewa jama'ar da ta tashi tsaye ta taso ne tana ganin jaki a hoton kati da fim da littafin yara a matsayin alamar yammacin Amurka. Hoton da aka yi domin talla ya zo ya yi tasiri a kan shawarar gwamnati bayan shekaru saba'in. Kafin nan kuwa lamarin jaki bai wuce abin da Hausawa ke cewa ba, kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

6. Yadda finafinan suka iso gare mu

Tambaya ta ƙarshe ita ce, me ya sa waɗannan suka tsira, waɗansu suka ɓace? Zaren fim na wancan zamani da sinadarin naitiret ake yin sa, wanda ke kamawa da wuta cikin sauƙi, yake kuma ruɓewa idan ya daɗe. Ba a daina amfani da shi ba sai farkon shekarun 1950. Kamfanoni ba su ga amfanin ajiye tsohon fim ba, gobara kuma ta cinye da yawa, kamar wadda ta tashi a ma'ajin kamfanin Fox a jihar New Jersey a 1937. Wani bincike da Laburaren Majalisar Dokokin Amurka ya wallafa a 2013 ya nuna cewa kashi 70 cikin ɗari na dogayen finafinai marasa magana da aka yi a ƙasar daga 1912 zuwa 1929 sun ɓace ƙurmus.

Abin mamaki, finafinan da suka girme su sun fi su sa'a, kuma dalilin wani giɓi ne a cikin doka. Kafin 1912 dokar haƙƙin mallaka ta Amurka ta san hoto, amma ba ta san hoto mai motsi ba. Saboda tsoron masu satar fasaha, sai kamfanoni suka riƙa buga fim ɗin gaba ɗaya a kan doguwar takarda, hoto bayan hoto, su kai wa laburaren a matsayin hoto. Kamfanin Edison ya yi haka a 1894 da ɗan gajeren fim na wani ma'aikacinsa yana atishawa. Takarda ta fi naitiret jure zamani. A farkon shekarun 1940 wani ma'aikacin laburaren, Howard Walls, ya jawo hankali ga waɗannan naɗe-naɗen takardu da aka manta da su, daga 1953 kuma Kemp Niver ya shiga aikin sake ɗaukar su hoto ɗaya bayan ɗaya zuwa sabon fim, aikin da ya sa aka ba shi lambar girmamawa ta Oska a 1955. Kimanin finafinai 3,000 aka ceto ta wannan hanya.

Darasin da ke nan shi ne, abin da ya rage mana zaɓin lauyoyi ne. Kamfanonin da suka damu da rajista, musamman Edison da Biograph, su suka cika ma'ajin, ƙananan masu ɗauka kuwa aikinsu ya tafi. Akwai kuma wani kuskure da ya daɗe yana ɓata fahimta. Da fim mai magana ya zo a ƙarshen shekarun 1920, aka tsayar da gudu a kan hotuna 24 a daƙiƙa. Idan aka nuna abin da aka ɗauka a kan 16 da wannan gudu, sai motsi ya ƙaru da rabi, a ga jaki yana sassarfa, mutane suna zabure-zabure kamar 'yan wasa. Dabbar da aka zaɓa saboda natsuwarta a bakin rami sai ta koma abin dariya, alhali laifin na'urar nunawa ne.

Kammalawa

Kada a fahimce ni da cewa waɗannan finafinai ba su da amfani ga tarihi. Suna da shi ƙwarai. Daga gare su muna ganin faɗin turba da yanayinta kafin a gyara ta, da irin sirdi da linzami, da tufafin masu hali na lokacin. Muna kuma ganin mata cikin ayari, waɗansu sanye da siket mai raba ƙafa wanda ake ba su haya domin su hau kamar yadda maza ke hawa, abin da ke gaya mana wani abu game da canjin al'ada a wancan zamani. Baƙin da suka ziyarci gandun a 1919 kimanin 44,000 ne, a 2018 kuwa sun haura miliyan 6, kuma waɗannan gajerun finafinai suna cikin abubuwan da suka fara kiran wannan taro.

Abin da nake so ɗalibanmu su tafi da shi tambayoyi ne huɗu, waɗanda ya kamata a yi wa kowane tsohon fim kafin a kafa hujja da shi. Wa ya biya kuɗin ɗaukarsa, kuma me yake nema? A ina aka kafa kyamara, kuma wa ke tsaye a bayanta ko a gefenta da ba a nuna ba? Wane bayani aka yi wa waɗanda suka fara kallonsa? Ta wace hanya ya tsira har ya iso gare mu? Mu ma muna da irin wannan gado, domin a ma'ajiyoyin Ingila akwai finafinan da aka ɗauka a ƙasarmu a zamanin mulkin mallaka, kamar na hawan dabar da aka yi wa Yariman Wales a Kano a 1925, kuma 'ya'yanmu suna ganin su a intanet suna ɗauka sun ga kakanninsu yadda suke. Sun gan su ɗin, amma ta inda wani ya zaɓa ya tsaya. Aikinmu ne mu haɗa abin da fim ya nuna da abin da takardu suka adana da abin da dattawa suka riƙe, sa'an nan mu yi hukunci.

Shugaban taro, jama'a, a nan zan dakata domin a samu lokacin tambayoyi.